Neman bayani kan jigo da taurari a wasan kwaikwayon An Inspector Calls

Ɗalibar Aji Shida:

Assalamu alaikum malamai da 'yan uwa. Ni ɗaliba ce a ajin ƙarshe na sakandare, kuma cikin littattafan adabin Turanci da aka ba mu akwai wasan kwaikwayon J. B. Priestley mai suna An Inspector Calls. Na karanta shi sau biyu, labarin kuma ya zauna mini sarai: iyalin Birling suna tsakiyar liyafar baikon 'yarsu Sheila da Gerald Croft sai ga wani sufeton 'yan sanda mai suna Goole ya shigo da labarin wata yarinya, Eva Smith, wadda ta kashe kanta, sa'an nan ya bi su ɗaya bayan ɗaya yana nuna cewa kowannensu yana da hannu a abin da ya kai ta ga haka. Damuwata ita ce, duk lokacin da aka ba mu aiki, malaminmu yakan dawo mini da takardata yana cewa labari na maimaita, ban amsa tambaya ba. A makon jiya an ce mu tattauna yadda marubucin ya yi amfani da Gerald wajen fito da jigon ɗaukar alhaki, na cika shafi uku, amma makin da na samu bai kai rabi ba. Ina roƙon a fayyace mini bambancin da ke tsakanin ba da labarin tauraro da nazarinsa, a kuma gaya mini ko Gerald yana cikin rukunin matasan da suka yi nadama ne ko yana tare da iyayen da suka ƙi amsa laifinsu, domin ni dai ya rikita ni.

Malamin Adabi:

Wa'alaikumus salam, ɗiyata. Abin da malaminki yake nufi ba baƙon abu ba ne gare ki idan kin taɓa zama a ajin adabin Hausa, inda ake raba jigo da warwarar jigo da zubi da tsari da salo da taurari. Labari shi ne abin da ya faru, jigo kuwa shi ne saƙon da marubuci ya ƙulla labarin domin ya isar, taurari kuma su ne waɗanda ya ɗora wa saƙon su kai shi. Saboda haka idan kika rubuta cewa Arthur Birling, uban gidan, ya kori Eva Smith daga masana'antarsa, labari kika bayar. Idan kuwa kika ce marubucin ya sa Birling ya kore ta ne a kan ƙarin sule biyu da sisi kacal a mako, domin ma'aikatan suna karɓar sule 22 da sisi suka shiga yajin aiki suna neman sule 25, kuma ya sa mun ji wannan lissafi a ɗakin da ake shagalin cin abinci mai tsada, don mu auna ƙanƙantar abin da aka nema da yawan abin da aka mallaka, to kin fara nazari. Sule da sisi ɗin nan, ki tambayi kakanninki, su ne kuɗin da aka kashe a Najeriya kafin zuwan naira a 1973, za su gaya miki abin da suke iya saye.

Abu na biyu da yawancin ɗalibai suke tsallakewa shi ne shekaru biyu da wasan ya rataya a kansu. An rubuta shi a 1945, an fara nuna shi a Tarayyar Sobiyat a wannan shekarar, sa'an nan a Landan a 1946, amma labarin yana faruwa ne a wani dare na watan Afrilun 1912, a wani ƙagaggen garin masana'antu mai suna Brumley. Wannan tazara ita ce makamin marubucin. Lokacin da Birling ya miƙe yana bugun ƙirji cewa ba za a yi yaƙi da Jamus ba, kuma jirgin ruwan Titanic ba zai taɓa nutsewa ba, masu kallo sun riga sun san cewa jirgin ya nutse a cikin wannan watan na Afrilun 1912, yaƙi kuma ya ɓarke a 1914, wani ya sake biyo bayansa a 1939. Tun kafin sufeton ya shigo ke nan an riga an zubar wa Birling da mutuncin maganarsa, ta yadda sa'ad da ya ce wa ɗansa Eric da Gerald kowa ya ji da kansa da iyalinsa kawai, babu mai kallon da zai ɗauki nasiharsa da daraja. Ki lura kuma cewa yana cikin wannan magana aka danna ƙararrawar ƙofa. Priestley kansa ya yi aikin soja a yaƙin duniya na farko, kuma mai ra'ayin gurguzu ne irin na Ingila, ya rubuta wasan a shekarar da jam'iyyar Leba ta Clement Attlee ta lashe zaɓe. Duk amsar da ta nuna kin san wannan, ba tare da kin mayar da takardarki darasin tarihi ba, za ta fi wadda ta tsaya ga labari.

Game da Gerald kuwa, ra'ayina shi ne yana tare da iyayen. Shekarunsa kimanin talatin ne, wato ya girmi Sheila da Eric, kuma ɗan gidan masu masana'antar Crofts ne, waɗanda suka fi gidan Birling asali. Da aka yi maganar korar Eva, shi ne ya mara wa surukinsa baya, ya ce su ma haka za su yi. A kashi na uku kuma shi ne ya dawo da labarin cewa wani sajan ya tabbatar masa babu sufeto mai suna Goole, shi ne ya kawo shakkun cewa wataƙila ba hoton yarinya ɗaya aka nuna musu ba tunda ba a taɓa nuna wa mutum biyu a tare ba, shi ne kuma ya buga waya asibiti. Da ya gama sai ya miƙa wa Sheila zoben baiko kamar babu abin da ya faru. Wanda ya yi nadama ba ya ɓata darensa wajen neman ƙofar da zai sulale.

Tsohon Ɗalibi:

Allah ya saka da alheri, Malam. Na amfana da bayaninka, amma ina neman izinin in ɗan saɓa maka a kan Gerald, domin ina ganin idan ƙanwarmu ta jefa shi cikin rukunin iyayen kai tsaye za ta rasa abin da ya sa aka zaɓe shi a tambayar. Birling da matarsa ba su taɓa girgiza ba ko sau ɗaya saboda yarinyar. Abin da ya tsorata Birling shi ne abin kunyar da zai fito fili ya hana shi lambar girma ta Sir da yake hanƙoro. Gerald kuwa ya girgiza. Da ya gane cewa Daisy Renton, sunan da ya san Eva da shi, ta mutu, magana ta sarƙe masa, har ya nemi a bar shi ya fita ya sha iska. Shi ne ya raba ta da wani dattijon kansila da ya takura mata a mashayar Palace, ya ciyar da ita lokacin da take cikin yunwa, ya ba ta masauki a ɗakin abokinsa. Sufeton da kansa, wanda ba ya sassauta wa kowa, ya shaida cewa Gerald ya ɗan ƙaunace ta kuma ya sa ta farin ciki na wani lokaci, Sheila ma da take mayar masa da zobe ta ce yanzu ta fi ganin girmansa saboda ya faɗi gaskiya.

Ba ina wanke shi ba ne. Taimakon nasa ya rikiɗe ya zama dadiro, ya ajiye ta daga bazarar 1911 har zuwa watan Satumba yana yi wa Sheila ƙaryar cewa aiki ne ya yi masa yawa, da ya ga lokacin rabuwa ya yi masa daidai kuma ya sallame ta. Abin da nake cewa shi ne, an gina shi a tsakiya da gangan. Yana da zuciyar da za ta iya sauyawa, amma yana da dukiya da suna da zai yi asara idan ya sauya, sai ya zaɓi dukiyar. Akwai kuma wata dabarar zubi da ban cika ganin ana ambata ba: Gerald ba ya cikin ɗakin lokacin da asirin Misis Birling da na Eric ya tonu, kuma bai ji jawabin ƙarshe na sufeton ba, inda ya ce mutane gaɓoɓin jiki ɗaya ne, kowa yana da alhakin ɗan'uwansa, kuma idan aka ƙi koyon wannan da lalama za a koye shi cikin wuta da jini. Marubucin ya fitar da shi ne kafin wa'azin, ya dawo da shi bayan an gama. Idan ƙanwarmu ta rubuta wannan, ta ce ga dalilin da take gani, mai duba takarda zai san ta yi tunani da kanta.

Malamin Adabi:

Na karɓi gyaran nan, kuma batun fitarsa daga ɗakin hujja ce mai ƙarfi. Abin da kawai zan ƙara shi ne, a jarrabawa ba a hukunta ɗalibi don ya ɗauki ɓangare, ana hukunta shi ne idan ya ɗauka babu hujja daga littafin. Tana iya cewa ya fara kusa da matasan ya ƙare tare da iyayen, muddin ta nuna inda ya juya.

Yayar Ɗalibai:

Sannunku da ƙoƙari. Ƙanwata, tunda an yi wa Gerald adalci, bari in ja hankalinki ga matan wasan, domin tambaya a kansu ba ta cika ɓacewa ba, kuma a nan ne jigon bambancin matsayi yake haɗuwa da na halin da mace take ciki. A 1912 mata a Birtaniya ba su da 'yancin jefa ƙuri'a a zaɓen majalisa. Sai a 1918 aka ba waɗansu daga cikinsu, aka daidaita su da maza a 1928. Yarinya irin Eva, marar dangi a gari, idan ta rasa aiki takan koma ga ƙungiyoyin agaji masu zaman kansu, waɗanda suke tantance wanda ya cancanci taimako da wanda bai cancanta ba bisa ganin damarsu. Irin wannan ƙungiya ce Sybil, wato Misis Birling, take da faɗa a ji a cikinta, kuma gabanta Eva ta zo da ciki, makonni biyu kafin daren liyafar.

A wurina wannan shi ne wuri mafi kyawun ƙulli a wasan duka. Misis Birling ta fusata ne tun farko don yarinyar ta kira kanta da sunan Birling, ta kuma ƙi yarda cewa yarinya mai irin wannan matsayi za ta iya ƙin karɓar kuɗi don na sata ne. Sai sufeton ya sake mata igiya, ta yi ta nanata cewa laifin na uban cikin ne, a nemo shi, a tilasta masa ya amsa a bainar jama'a, Sheila tana roƙonta ta yi shiru ba ta ji ba, har ƙofa ta buɗe Eric ya shigo, labulen kashi na biyu ya sauka. Da bakinta ta yanke wa ɗanta hukunci. Ki duba kuma wanda marubucin ya ba kyawun hali: Eric ya ɗebi kusan fam hamsin daga ofishin mahaifinsa, yarinyar da ake rainawa kuma ita ce ta ƙi kuɗin da ta gane asalinsu, ta kuma ƙi aurensa don ta san ba ya sonta.

Kada ki manta cewa Eva ba ta taɓa hawa dandamali ba, ba mu ji muryarta ba sai ta bakin waɗanda suka cuce ta, sunan Smith kuma suna ne gama-gari a Ingila, shi ya sa sufeton ya ce akwai miliyoyin irinta. Wannan ne ma yake rushe dabarar Gerald: ko yarinya ɗaya ce ko biyar ce, kowannensu ya aikata abin da ya amsa da bakinsa, kuma Sheila da Eric ne kaɗai suka gane haka. Sheila ta fi kowa sauyawa, daga yarinyar da ke murnar zobe, wadda ta sa aka kori Eva daga kantin Milwards saboda kishi, zuwa wadda take ƙalubalantar iyayenta. Akwai kuma Edna, 'yar aikin gidan, wadda kalmominta ba su da yawa, amma ita ce ta buɗe wa sufeton ƙofa.

Ɗalibar Aji Shida:

Na gode ƙwarai, Malam, na gode Yaya, Allah ya ƙara basira. Na ɗauko tsohuwar takardata na duba, na ga shafi biyu da rabi duk labarin haɗuwarsa da Daisy ne, ban ko ambaci zoben da ya sake miƙawa ba. Zan sake rubuta amsar a kan matakai uku na halinsa, wato goyon bayan da ya ba Birling, da girgizar da ya yi, da dawowarsa da labarin sajan, in kai wa malaminmu ranar Litinin. Saura abu ɗaya da nake so a taimaka mini da shi idan an samu lokaci: wayar da aka bugo a ƙarshe, cewa wata yarinya ta mutu a hanyar asibiti kuma sufeto yana tafe, shin tana nufin Goole ba mutum ba ne, ko kuwa in bar tambayar a buɗe a cikin amsata?