Abin da dattawan fada suka ce game da aikin Janar Ali Saibou

A wata fada ta unguwar Boukoki a Yamai, hira ta kai kan Janar Ali Saibou, tsohon shugaban ƙasar Nijar, dattawa suka yi wa samari masu son shiga soja nasiha da tarihinsa.

Shawarar da aka fi nanatawa ita ce haƙuri da jiran lokaci. Ali Saibou ya zama babban hafsan sojojin Nijar a 1976, ya yi shekara 11 a ƙarƙashin Janar Seyni Kountché, shugaban ƙasa na lokacin, bai hau mulki ba sai da Kountché ya rasu a Nuwamba 1987. Wani tsohon soja ya ce: "Yarana, wanda bai iya bin umarni ba, ba zai iya ba da shi ba."

An daɗe a kan batun sauka daga mulki. Taron ƙasa na 1991 ya rage masa iko ƙwarai, ya amince, kuma a Afrilu 1993 ya miƙa mulki ga Mahamane Ousmane, ya koma gida har rasuwarsa a 2011. Dattawan suka ce hafsa ya tanadi gona ko wata sana'a tun yana cikin kaki, don kada tsoron zaman banza ya sa shi maƙale wa kujera. A ganina nan ne suka fi gaskiya.

Wani malamin makaranta ya tuna da ɗaliban da aka harbe a gadar Kennedy da ke Yamai ranar 9 ga Fabrairu 1990, a zamanin mulkin Ali Saibou. Ya roƙi samarin kada su taɓa ɗaga bindiga a kan farar hula, ko wa ya ba da umarnin.