Wane ne Kanar Molan da ya ci Kano?

Ɗan Gwale:
Salamu alaikum. Kakana yakan ce ba Lugga ne ya jagoranci sojojin da suka shiga Kano ba, wani Bature ne wai Molan. Me aka sani a kansa, kuma ina ya ƙare?

Malam Na-Zariya:
Wa alaikumus salam. Kakanka ya yi gaskiya, ɗana. Thomas Morland sunansa, an haife shi a Kanada a 1865, ya shiga sojan Ingila a 1884. Shi ya kai wa Lamiɗo Zubairu yaƙi a Yola a 1901. A 1903 ya taso daga Zariya, ya fasa Bebeji a hanya, ya shiga Kano ranar 3 ga Fabrairu, lokacin Sarki Alu ba ya gari, ya tafi Sakkwato. Abin da ke ci mini rai, yawancin waɗanda suka riƙe masa bindiga 'yan ƙasa ne, Hausawa da Yarbawa.

Hajiya Ta-Fagge:
Malam, a ƙara da Sakkwato. Yana cikin jagororin da suka gwabza da Sarkin Musulmi Attahiru a watan Maris.

Malam Na-Zariya:
Haka ne, Hajiya. A Yaƙin Duniya na Ɗaya kuwa ya riƙe babbar runduna a Faransa. Ranar 1 ga Yulin 1916, a yaƙin Som, daga saman bishiya yake hangen fagen fama, dubban mutanensa suna zuba. Ana zarginsa da jinkirin tura musu gudummawa. Duk da haka ya ci gaba da samun girma, har ya shugabanci sojojin Ingila a Jamus daga 1920. Ya mutu a 1925.