Haɗin zukini mai tsami: shin za a iya rage ruwan khal kafin a rufe shi a kwalba?

Uwargida daga Jos:
Assalamu alaikum. Zukini, wato dangin kabewan nan mai kama da kokwamba, ya yi araha a kasuwa wannan lokaci, kuma ina so in yi haɗin nan na Amurkawa da ake yanka shi ƙanana da albasa da tattasai, a dafa da sukari da ruwan khal, a ajiye a kwalba har shekara. Matsalata ita ce maigida da yara ba sa son tsami sosai. Shin zan iya rage ruwan khal ɗin, in ƙara attaruhu a madadinsa?

Mazauniyar Amurka:
Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Don Allah kada ki taɓa ma'aunin ruwan khal, domin ba don ɗanɗano kaɗai ake zuba shi ba. Zukini da albasa da tattasai duk ba su da tsami na kansu, kuma idan aka rufe irin wannan abinci a kwalbar da babu iska, ƙwayar cutar botulizim na iya tsirowa ta fitar da guba ba tare da warin abincin ko launinsa ya sauya ba. Shi ya sa Ma'aikatar Noma ta Amurka ta ce a yi amfani da ruwan khal mai ƙarfin kashi 5 cikin ɗari, kuma ki duba jikin gorar kafin ki saya.

Ma'aunin da nake bi shi ne kofi 12 na yankakken zukini, kofi 4 na albasa, tattasai 3, sai kofi biyu da rabi na ruwan khal da kwatankwacinsa na sukari. Ki barbaɗa wa kayan gishiri ki bar su su kwana a firji. Da safe za ki tarar ruwa ya taru a ƙasan kwanon. Ki ɗauraye, ki matse da hannu har sai sun daina ɗiga, domin wannan ruwan shi ke salanta haɗin. Attaruhu kuwa babu laifi, matuƙar kin cire tattasai daidai yawan abin da kika ƙara.

Malamin kimiyya:
Hajiya mazauniyar Amurka ta faɗi gaskiya, sai dai akwai abin da ya shafi Jos musamman. Garin yana kan tudu da ya kai kusan mita 1,200, kuma a can ruwa yana tafasa tun bai kai digiri 100 ba. Saboda haka, idan an ce a dafa rufaffun kwalabe cikin tafasasshen ruwa na minti 15, ke sai ki ƙara minti 10. Ki bar tazarar da ta ɗan haura santimita 1 a saman kwalbar, kuma ruwan tukunyar ya shanye murafen gaba ɗaya. Kada ki sa fulawa don ya yi kauri, tana hana zafi ratsawa zuwa tsakiya.

Uwargida daga Jos:
Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Kwalabena tsofaffin na mayonis ne, sun wadatar?

Mazauniyar Amurka:
Murafensu ba sa kamawa yadda za a amince da su na tsawon watanni. Idan ba ki samu sababbin murafe ba, ki zuba haɗin a cikinsu ki ajiye a firji, ku cinye cikin 'yan makonni. Tsamin ma yana kwantawa idan ya ɗan jima.