Na sayi rubutun PLR, yaya zan mayar da shi nawa?

Mai tambaya:
Salam 'yan uwa. Na sayi tarin rubuce-rubucen PLR (shiryayyen rubutu da ake saya tare da izinin gyara shi a yi amfani da shi) kan kiwon kaji na zuba a shafina na intanet, sai AdSense, tsarin Google na saka talla a shafuka ana biyan masu su, suka ƙi karɓata wai abin da ke ciki ba shi da amfani. Ni fa kuɗi na biya, ba sata na yi ba. Don Allah ina matsalar take?

Amsa ta farko:
Wa'alaikumussalam malam. Ai ba kai kaɗai aka sayar wa ba, shi PLR haka yake, rubutu ɗaya ne ake sayar wa mutane da yawa, kowa ya liƙa, to Google in ya ga iri ɗaya a wurare da dama ɗaya yake ɗauka ya bar sauran. Ka kwafi sakin layi ɗaya ka saka a Copyscape, shafin da ke gano rubutun da aka kwafa, ka gani da idonka.

Amsa ta biyu:
Kuma don Allah kar ka je ga manhajojin nan masu musanya kalmomi, shirme suke fitarwa. Ni yadda nake yi, in karanta sau biyu in rufe, sannan in rubuta da bakina. Yawancin rubuce-rubucen PLR ɗin don Amurka aka rubuta, za ka ga ana maganar dusar ƙanƙara alhali mai kaji a nan zafin Afrilu ne ke kashe masa su. Saka abin da ka sani, kuɗin buhun abinci, rigakafi, hotunan kejinka.

Amsa ta uku:
Ka duba lasisin ma, wasu ba su yarda ka sake sayarwa ba.

Mai tambaya:
Na gode ƙwarai, yau da daddare zan fara da guda biyu.