Tambaya kan tatsuniyoyin mutanen Inuit, su suka rubuta abinsu ko Turawa?

Uwar Biyu:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Dan Allah tambaya ce da ni. Shekaranjiya da daddare na kalli wani tsohon fim a waya mai suna Atanarjuat, na mutanen Inuit ɗin nan da ke can ƙuryar arewacin Kanada cikin ƙanƙara, kusan awa uku ne kuma ko kalma ɗaya ban ji ba sai rubutun da ke fitowa a ƙasa amma wallahi na kasa kashewa. Akwai gurin da aka kashe wa jarumin fim ɗin yayansa a cikin tanti shi kuma ya fito a guje ba sutura ba takalmi a kan ƙanƙara, ana binsa da masu, ƙafarsa duk jini, har yanzu abin na raina. An ce tatsuniyarsu ce tun ta kaka da kakanni. To ni malamar Hausa ce a sakandare kuma wannan zangon adabin baka muke yi, shi ne nake so na sani, ya suke ba da tatsuniya? Suna da irin su Gizo da Dodo? Kuma wa ya rubuta musu, su da kansu ko Turawa ne kamar yadda Frank Edgar ya tattara namu?

Malam Dogo:
Wa alaikumussalam Malama. Fim ɗin da kika kalla a 2001 ya fito, Zacharias Kunuk ne ya shirya shi, ɗan garin Igloolik, kuma fim ɗin ya ci kyautar Caméra d'Or a bikin fina-finai na Cannes a Faransa a shekarar. Kafin su rubuta labarin sai da suka zauna da dattawan garin kowa ya faɗi yadda ya ji shi a gun nasa iyayen sannan aka haɗa, shi ya sa kika ji yana da nauyi.

Suna raba labari gida biyu kusan yadda muke yi, akwai unikkaaqtuat wato na da can can, akwai unikkaat labarin abin da ya faru da mutane wanda za a iya cewa ga wanda ya gani. Lokacin bayarwa kuwa ai nan ne abin mamakin, mu sai mun jira dare, su kuwa a wasu garuruwansu rana na faɗuwa ta yi wata biyu ko uku ba ta fito ba, a da ana zaune a ɗaki ɗaya gaban fitilar dutse da suke kira qulliq wadda ake zuba wa kitsen dabbar ruwa, mace ce ke kula da ita, a nan ake ta labari.

Dodo kuwa suna da shi, qallupilluit, yana zaune a ƙarƙashin ƙanƙarar teku yana jiran yaron da zai matso bakin tsaga ya ja shi. Kinga dai dabarar iri ɗaya ce da yadda ake hana yaranmu leƙa rijiya. Akwai kuma maraya Kaugjagjuk da ake kwanar da shi cikin karnuka a bakin ƙofa, in za a shigo da shi ɗaki sai a zira yatsu a hancinsa a ɗago shi, har ranar da ya samu ƙarfi ya rama. Amma babbar ita ce Sedna mai mulkin teku, wasu yankunan Nuliajuk suke ce mata. Ubanta ya jefa ta ruwa daga kwalekwale da guguwa ta taso, ta kama gefen jirgin, ya sassare mata yatsu, yatsun suka zama dabbobin teku da suke ci, irin masu kama da ayu ɗin nan da manyan kifaye. Tunda ba ta da yatsu ba ta iya tsefe kanta, in ta yi fushi ta riƙe dabbobin aka shiga yunwa sai bokansu, angakkuq, ya sauka ƙasan teku ya taje mata gashi ta huce. Wanda ya fi tattara irin waɗannan a rubuce shi ne Knud Rasmussen a tafiyarsa ta 1921 zuwa 1924 wadda ya ratsa arewacin Kanada har Alaska da karnuka, shi a Girinlan aka haife shi kuma yana jin yaren tun yana yaro.

Abu Safwan:
Malama a dai yi hattara da kai wa yara labarin wata mai mulkin teku da boka, kar a rikita musu aƙida.

Uwar Biyu:
Na gode Malam Abu Safwan, ina sane da wannan. A darasin muna karanta bori da camfe-camfen Maguzawa ma, ana faɗa wa yara cewa abin da mutane suka yarda da shi ne a zamaninsu, haka zan gabatar da shi insha Allah.

Baƙon Ottawa:
Anti bari na ƙara miki ta wani ɓangaren, don ni ina zaune a Ottawa kuma Inuit na da yawa a garin nan, wasu asibiti ya kawo su wasu karatu wasu aiki. Da farko kar ki ce musu Eskimo a Kanada ba sa so, mutum ɗaya Inuk, da yawa Inuit.

Abin da ya fi taɓa ni shi ne maganar suna. Wata da muka yi aiki tare ta taɓa ce min mahaifiyarta "baba" take kiranta, na ce kamar ya, ta ce sunan kakanta na wajen uwa aka sa mata bayan ya rasu, kuma a gunsu suna ba ruwansa da mace ko namiji, wanda ya ci sunan ya gaji dangantakar mai sunan gaba ɗaya. Sai na ce mata ai mu ma haka muke da Abba da Ummi da Baffa, uwa ba ta iya kiran sunan ɗanta in sunan mahaifinta ne ko na surukinta, ranar mun fi awa muna hira. To ki duba mutanen da suna ke da wannan girman a gunsu, daga shekarun 1940 gwamnatin Kanada ta ba kowa lamba a wani ɗan faifai kamar kwabo ana ratayawa a wuya, E na gabas W na yamma sai lambobi, saboda jami'ai sun kasa rubuta sunayensu, da lambar ake kiran yaro a makaranta da ita ake rubuto wa mutum wasiƙa. Sai wajen 1970 wani ɗansu Abe Okpik ya bi gari gari yana tambayar kowa sunan da yake so a rubuta masa.

Shi ya sa in kin karanta labaran rayuwarsu da suka rubuta da hannunsu za ki ga akwai ciwo a ciki sosai. Markoosie Patsauq yana yaro a 1953 aka kwashi iyalinsu daga Inukjuak aka kai su Resolute, kusan kilomita 2000 arewa, aka ce musu akwai farauta kuma bayan shekara biyu wanda ya so zai koma, suka tarar da duhun watanni da ba su taɓa gani ba da yunwa, komawar ma aka hana, gwamnati ba ta ba da haƙuri ba sai 2010. Shi wannan yaron ya yi tarin fuka ya warke ya girma ya zama matuƙin jirgin sama, kuma shi ya rubuta labarin wani saurayi Kamik da ya bi sawun farin beyar (wata ƙatuwar dabba mai cin nama ta yankin ƙanƙara) mai ciwon hauka da ya addabi zangonsu, da yarensu ya fara rubutawa, na Turancin ya fito a 1970. Bayan kusan shekara hamsin da aka koma kan asalin rubutun hannunsa aka sake fassarawa sai aka ga na Turancin farko an yi masa ado don ya yi wa Turawa daɗi, nasa na asali gajerun jimloli ne a tsaye ba kwalliya.

'Yar Damagaram:
Yaya Uwar Biyu tunda ke malama ce ki nemi littafin Sanaaq, ni da Faransanci na karanta shi, fassarar 2002, na Turanci ma ya fito a 2014. Mace ce ta rubuta, Mitiarjuk Nappaaluk, daga Kangiqsujuaq a arewacin lardin Kebek na Kanada. Yadda abin ya faro shi ya fi burge ni, wani fada ɗan mishan ne a farkon shekarun 1950 ya roƙe ta ta riƙa rubuta masa jimlolin yau da kullum don ya koyi yare, ita kuma jera kalmomi ya gundure ta sai ta ƙirƙiro mutane, wata bazawara Sanaaq da 'yarta Qumaq, ta riƙa saka kalmomin a bakinsu, haka ta yi ta yi shekara da shekaru har ya kai babi 48 alhali ba ta taɓa karanta littafin ƙagaggen labari ba a rayuwarta. Da rubutunsu na alamomin gaɓa ta yi, wanda 'yan mishan suka kawo musu a ƙarni na 19 amma suka riƙe shi ya zama nasu, a lokacin iyaye ke koya wa 'ya'ya a gida.

Ba wani babban yaƙi a ciki, ɗinkin takalmin fata ne da dafa shayi da neman ƙirare da mijin da ya dawo farauta hannu wayam, sannan Turawa su fara zuwa da jirgi, mutane su rabu tsakanin Katolika da Anglika. Akwai inda mijinta na biyu Qalingu ya doke ta har sai da aka ɗauke ta a jirgi zuwa asibiti a kudu, kuma marubuciyar ba ta ɓoye ba ba ta kuma yi wa'azi a kai ba, ta faɗa kawai ta wuce, nan na ajiye littafin na yi shiru. Ni dai a ganina in misali ɗaya za ki kai aji wannan ya fi Rasmussen, don duk ƙoƙarinsa da maza mafarauta da bokaye ya fi zama, abin da ke faruwa a gefen fitilar nan sai ita ta nuna mana.

Uwar Biyu:
Allah ya saka da alheri gaba ɗaya, na kwafe komai a littafina. Ranar Litinin zan fara da marayan nan Kaugjagjuk na ce su kawo min tatsuniyar maraya da kishiyar uwa da suka ji a gida mu jera su, sannan na ba su labarin lambar wuya na tambayi kowa sunan wa ya ci. 'Yar Damagaram dan Allah babi nawa ne gurin neman ƙiraren, ina so na fassara musu ko shafi ɗaya ne.

'Yar Damagaram:
Babi na farko ne Yaya, da shi littafin ya buɗe, sai dai a nan rassan saƙa tabarma ta je nema ba na hura wuta ba. Bari na koma gida da yamma na duba miki.