Me ya haɗa shirya dambe da shirya fim?

Ɗan Mabera: Assalamu alaikum. Ina da tambaya ga masana tarihin wasanni da ke wannan zaure. An ce cikin waɗanda suka shirya damben Muhammad Ali da George Foreman a Kinshasa akwai wani Baturen Ingila wanda sana'arsa ita ce shirya fina-finai, alhali mu Don King kaɗai muka sani. Wane ne wannan mutum, kuma me ya haɗa furodusan fim da harkar 'yan dambe? Na yi tambayar ne domin ina cikin matasan da ke taimakawa wajen shirya damben gargajiya a nan Sakkwato.

Malami daga Runjin Sambo: Wa'alaikumus salam, ɗan'uwa. Mutumin da kake nufi shi ne John Daly, haifaffen Landan, wanda a 1967 shi da ɗan wasan kwaikwayo David Hemmings suka kafa kamfanin Hemdale. Da farko aikinsu shi ne wakiltar mawaƙa da 'yan wasa, daga baya kamfanin ya koma zuba kuɗi a fina-finai.

Abin da ya kai shi Kinshasa shi ne Don King ya sa Ali da Foreman sun amince su kara bisa alkawarin dala miliyan 5 ga kowannensu, amma ba shi da kuɗin. Sai ya nemi abokan tarayya, ciki har da Hemdale da gwamnatin Shugaba Mobutu ta Zayar (Kwango ta yanzu, wadda Kinshasa ce babban birninta), wadda take son a san ƙasarta a duniya. An yi damben ranar 30 ga Oktoba, 1974, Ali ya kashe Foreman, wato ya kai shi ƙasa, a turmi na takwas. Bayan shekaru goma sai ga sunan Hemdale a kan fim ɗin The Terminator na 1984, sannan Platoon na 1986, wanda ya ci kyautar Oscar ta fim mafi kyau.

A ganina sana'o'in biyu aiki ɗaya ne. A dukansu mutum yana sayar da abin da bai riga ya faru ba: ya ɗaure fitattun mutane da yarjejeniya, ya ɗauki takardar ya kai wa masu kuɗi, sannan ya sayar da haƙƙin nunawa ƙasa-ƙasa tun kafin a ɗaga hannu ko a kunna kyamara. Wanda ya iya wannan a fage ɗaya ba zai sha wahala a ɗayan ba.

Hajiya ta Arkilla: Malam ya yi bayani, amma akwai abin da ya kamata a ƙara, domin shi ne ainihin mahaɗar. Kuɗin irin wannan dambe ba daga ƙofar filin wasa suke fitowa ba, daga allo suke fitowa. Shi ya sa aka fara damben Kinshasa da misalin ƙarfe huɗu na asuba, don ya dace da daren mutanen Amurka da suka sayi tikiti suka cika gidajen sinima suna kallo kai tsaye. Wato 'yan kallon da ke cikin filin ba su ne aka fi damuwa da su ba.

Kuma ba Daly ne farau ba. Jerry Perenchio, wanda shi ma daga wakiltar 'yan wasa ya fito, shi ya shirya karon farko na Ali da Joe Frazier a zauren Madison Square Garden da ke New York ranar 8 ga Maris, 1971, inda aka ba kowannensu dala miliyan 2.5, kuma ta wannan hanya ta gidajen kallo aka mayar da kuɗin. Daga baya shi ma ya shiga harkar fim da talabijin gadan-gadan.

Sai dai, Malam, ban yarda cewa wanda ya iya ɗaya ba zai sha wahala a ɗayan ba. Hemdale ɗin nan da ta ci kyaututtuka ta durƙushe a shekarun 1990 saboda bashi da shari'o'i.

Malami daga Runjin Sambo: Hajiya, wannan gaskiya ne. Iya tara kuɗi daban, iya riƙe su daban.

Tsohon ɗan kallo, Gawon Nama: Yaro, tunda ka ce kana cikin masu shirya dambenmu, bari in jawo maganar gida. A da, sunan ɗan dambe a bakin makaɗi yake tafiya. Mutane da yawa da ba su taɓa ganin Shago a fage ba sun san shi ta waƙar Ɗan Anace. Yau aikin nan ya koma hannun mai riƙe da kyamara. Ka je gidan dambe ka ga yadda kowa ke ɗaga waya, washegari bidiyon yana yawo a YouTube da Facebook, mai tashar yana samun abin da ya samu, shi kuwa wanda aka fasa wa baki bai wuce kason kuɗin ƙofa da kyautar 'yan kallo ba.

Ko a can ma, hotunan bidiyon da mai shirya fim Leon Gast ya ɗauka na damben Kinshasa sun yi shekara 22 ba su fito ba saboda rashin kuɗi da rikicin mallaka, sai a 1996 aka sake su da sunan When We Were Kings. Saboda haka kafin ku gayyato 'yan Kudu da 'yan Arewa da Guramaɗa wasa na gaba, ku zauna da shugabanninsu ku rubuta wanda ke da izinin ɗaukar bidiyo, da tashar da za a ɗora shi, da kason kowane ɗan dambe, kowa ya sa hannu a gaban shaidu.