Me ya sa yawan wasanni da tsarin sili-ɗaya-ƙwale suka bambanta a makarantun sakandaren Amurka?

Ɗan Tudun Wada:

Assalamu alaikum jama'a. Masu bibiyar wasannin makarantun sakandaren Amurka, don Allah a warware mini wannan. A ƙwallon ƙafar Amurka, zakaran wata jiha sai ya buga wasa 16 kafin ya ɗaga kofi, na wata jihar kuma 14 kacal, alhali duk yara ne sa'o'in juna. Sannan a wani wuri ƙungiyar da ta ci wasa biyar cikin tara tana zaman ɗar-ɗar ko za a ɗauke ta, a wani wurin kuwa wadda ba ta ci ko ɗaya ba tana cikin jadawalin sili-ɗaya-ƙwale. Babu hukuma ɗaya ce da ke tsara musu? Kuma haka abin yake a ƙwallon kwando da besbol?

Malam Mai Alli:

Wa alaikumus salam, Malam. Akwai uwar ƙungiya ta ƙasa, NFHS, mai hedikwata a Indianapolis, amma aikinta rubuta dokokin cikin fili ne: tsawon lokacin wasa, laifuffuka, kayan kariya. Ba ta shirya gasa, ba ta ba da kofi. Yawan wasannin kaka, ranar farawa, wa zai shiga sili-ɗaya-ƙwale, duk wannan na hukumar kowace jiha ne, kuma mambobin NFHS ɗin 51 ne, jihohi 50 da birnin Washington. Ko dokokin filin ma ba kowa ke bi ba. Texas da dokokin jami'o'i na NCAA take buga ƙwallon ƙafar Amurka, da 'yan gyare-gyare.

Lissafin da ya ɗaure maka kai abu biyu ne ake haɗawa: wasannin da jiha ta yarda a buga kafin gasa, da yawan ƙungiyoyin da ke cikin jadawali. Ƙungiya 32 zagaye biyar ke nan, 64 zagaye shida.

Texas wasa 10 take bari a buga. Hukumarsu, UIL, ta raba makarantu aji shida bisa yawan ɗalibai, daga 1A zuwa 6A, kuma duk shekara biyu ake sake rabon. A 6A gundumomi 32 ne, kowace ta fitar da huɗu na sama, ya zama 128. A nan ne wata dabara take da mutane da yawa ba su lura da ita ba: sai bayan an san huɗun ake raba su, biyu masu ɗalibai mafi yawa su tafi rukuni na ɗaya, biyu masu ƙaranci su tafi na biyu. Kowane rukuni 64, zagaye shida, 10 da 6 ka ga 16 ɗinka, a ƙare a filin AT&T da ke Arlington cikin Disamba. Illar tsarin ita ce makaranta za ta iya kai daren wasan ƙarshe na kaka ba ta san rukunin da za ta faɗa ba, domin ya danganta da wace maƙwabciya ce ta samu gurbi na huɗu. Idan babbar makaranta ta kutsa, ta tura ki ƙasa. Idan ƙarama ce, ta ɗaga ki sama wurin manya. Koci kan tura masu leƙen wasa wurare biyu a dare ɗaya saboda haka.

Illinois wasa tara ne. A tsarin da ta daɗe a kai har zuwa 2025, ƙungiya 256 ake ɗauka daga duk jihar, sannan a jera su bisa yawan ɗalibai a yanka su aji takwas, 32 kowane. Tara da biyar, 14. Cin wasa shida ya ba ka gurbi kai tsaye. Cin biyar kuwa cancanta kawai ya ba ka, sai an haɗa nasarorin duk waɗanda ka kara da su a ga ko sun kai. Zaman ɗar-ɗar ɗin da ka ambata ke nan.

Wadda ba ta ci ko ɗaya ba kuma ta shiga, wannan Indiana ce. Su kowa shiga yake, wasa tara na kaka sannan gasa ta buɗe wa kowa, kuma an daɗe ƙuri'a ce ke haɗa wa zai kara da wa a matakin farko, ba matsayi ba. Shi ya sa ƙungiyoyi biyu mafi ƙarfi a shiyya kan haɗu tun daren farko, ɗaya ta koma gida. Manyan azuzuwa biyu masu ƙungiya 32 zakaransu 14 yake bugawa, ƙananan kuma 15.

Alƙalin Gefe:

Bayanin Malam Mai Alli ya yi daidai. Abin da zan ƙara shi ne hanyar zaɓen ƙungiyoyi ta fi yawan wasannin tasiri, domin ita ke juya yadda makarantu ke shirya jadawalinsu tun shekara ɗaya ko biyu kafin kakar.

Dubi Ohio. Wasa 10, rukuni bakwai, kowane rukuni shiyya huɗu, jimla shiyya 28. Ba matsayinka a gunduma ake dubawa ba, maki ake ƙirgawa da tsarin da suke kira Harbin, kuma hawa biyu ne. Hawa na farko: ka doke makarantar rukuni na ɗaya, wato na masu ɗalibai mafi yawa, ka samu maki 6.5, ana rage rabin maki a kowane rukuni har zuwa 3.5 a na bakwai. Hawa na biyu: duk wasan da wanda ka doke ya ci a kakar, kai ma ana rubuta maka maki. Idan ka sha kashi ba ka da komai, ko da a hannun zakaran jiha ne kuma da tazarar maki ɗaya. To me mai hankali zai yi? Zai nemi abokin karawar da yake da tabbacin dokewa amma wanda zai je ya cinye wasanni a ƙaramar gasarsa. Shi ya sa gagararrun ƙungiyoyi ke shan wuyar samun mai yarda ya kara da su, har sai sun tsallaka wata jiha neman wasa.

Yawan masu shiga ma ba a tsaye yake ba. Da takwas ne a kowace shiyya. A 2020, saboda korona, aka taƙaita kaka zuwa wasa shida aka buɗe wa kowa. A 2021 aka mai da shi 16, wato ƙungiya 448, sai zagayen farko ya cika da wasannin da na ɗaya ke lallasa na 16 ba tare da wani armashi ba. A 2025 aka rage zuwa 12, huɗu na sama su huta a makon farko. Don haka a jiha ɗaya, shekara ɗaya, wani zakaran 15 zai buga, wani 16.

A ganina na Illinois ya fi kowanne ɓarna a ɓoye. Idan aka ce biyar ko shida ne tikiti, makarantar da ke cikin haɗakar makarantun da gasarsu ke da zafi sai ta fice ta nemi inda za ta tara biyar ɗinta cikin sauƙi, sai ka ga tsoffin abokan hamayya na shekara da shekaru sun daina haɗuwa. Na Indiana, duk da ana masa dariya, ba ya hukunta wanda ya zaɓi karawa da manya.

Sai kuma matsalar kunnen doki. A Texas kowace gunduma ke rubuta nata sharuɗɗan raba gardama kafin kaka: a fara da wa ya doke wa, sannan tazarar maki tsakanin waɗanda suka yi kunnen dokin, galibi da iyaka a kan abin da za a ƙirga daga wasa ɗaya don kada a riƙa wulaƙanta raunana, in duk ya ƙi sai a jefa kwabo. A 1988 makarantu uku, Odessa Permian da Midland Lee da Midland High, suka yi kunnen doki a kan gurbi biyu. Kociyoyin uku suka haɗu a wani wurin hutawar direbobin manyan motoci cikin dare, kowa ya jefa kwabonsa, wanda nasa ya bambanta ya fita. Midland High ce ta fita.

Maman Walida:

Sannunku da ƙoƙari, Malamai. Bari in ɗauki rabin tambayar da ya rage.

A kwando, Kentucky ce abin kallo, domin tana cikin jihohi ƙalilan da ba su raba makarantu aji-aji ba. Kofi ɗaya ne ga kowa. Gundumomi 64, shiyyoyi 16. Zakaran gunduma da wanda ya zo na biyu duk suna wucewa, takwas ke nan a kowace shiyya, kuma a zagayen farko zakara ake haɗawa da na biyun wata gundumar. Ma'ana, a gunduma mai ƙungiya huɗu wasan kusa da na ƙarshe shi ne na a-mutu-ko-a-yi-rai. Za ka iya faɗuwa a na ƙarshe ka ci gaba har ka ɗauki kofin jiha. Daga nan wasa uku a shiyya, huɗu a zauren Rupp da ke Lexington. Indiana ma haka take har 1997, kuma har gobe dattawansu na tuna 1954, lokacin da Milan mai ɗalibai 161 ta doke Muncie Central da ci 32 da 30. Ni dai ina ganin rabon aji ya fi adalci ga yaran ƙauye, amma ba zan musa cewa an yi asarar wani abu ba.

Tsawon wasan kansa ma ya bambanta. Yawanci zango huɗu ne na minti takwas-takwas, Minnesota da Wisconsin kuwa rabi biyu na minti 18. Agogon daƙiƙa 35 na jefa ƙwallo, daga kakar 2022 zuwa 2023 aka bar wa kowace jiha zaɓi, wasu sun ɗauka, wasu ba su ɗauka ba. Inda babu shi, ƙungiyar da ke gaba za ta iya riƙe ƙwallo ta cinye lokaci.

Besbol ne inda yawan wasa ya fi zama dabara. A da, a zagayen farko-farko na Texas, kociyoyin biyu ne ke zama su daidaita: wasa ɗaya tak, ko wanda ya fara cin biyu cikin uku. Idan ba su daidaita ba, kwabo ya raba. Dalilin jayayyar yana cikin dokar hannun mai jifa, wato ɗan wasan da ke jefa wa mai bugu ƙwallo. Tun 2017 aka wajabta wa kowace jiha ƙayyade yawan jifa. A Texas iyaka 110 ne a rana. 31 zuwa 45 hutun kwana ɗaya, 46 zuwa 65 kwana biyu, 66 zuwa 85 kwana uku, 86 zuwa sama kwana huɗu. Yaron da ya yi jifa 90 ranar Alhamis ba zai sake jifa ba sai Talata. Ƙungiyar da gwani ɗaya gare ta wasa ɗaya za ta nema, ta miƙa masa ƙwallo ta yi addu'a. Mai gwanaye uku kuwa uku za ta nema, don ta san ko ta faɗi ranar Alhamis, Juma'a da Asabar nata ne. Inda ake yawan yin kuskure shi ne koci ya bar yaro ya ƙetare 30 da jifa ɗaya ko biyu don a gama da mai bugu ɗaya, washegari ya neme shi doka ta hana.

Lokacin kaka ma kada a manta. Iowa da bazara, lokacin dogon hutu, take buga besbol ɗin sakandare. Ƙwallon ƙafa irin tamu kuwa, jihohin arewa maso gabas daga ƙarshen Agusta suke farawa, Texas da Florida cikin hunturu, Georgia bayan sanyi ya wuce.

Ɗan Tudun Wada:

Allah ya saka da alheri, Malamai da Hajiya. Saura ɗaya: to zakarun jihohin ba sa haɗuwa a fitar da na ƙasa? Kuma makarantun kuɗi fa, tare ake bugawa da su?

Malam Mai Alli:

Babu gasar ƙasa a hukumance, Malam. Wanda ka ji an kira zakaran ƙasa, jaridu da shafukan ƙididdiga ne suka jera shi a kan gaba, ba a fili ya ci ba. Wasu jihohin ma kwanan nan suka samu zakaran jiha na gaskiya. New Jersey sai 2022 makarantun gwamnatinta suka fara bugawa har wasan ƙarshe na jiha a ƙwallon ƙafar Amurka. A New York, makarantun cikin birnin da hukumarsu daban, na Long Island kuma a tsakaninsu suke ƙarewa. Kalifoniya sassa 10 ce, kowane da tsarinsa da kofinsa, sai daga 2006 aka fara haɗa zakarun sassan a wasannin jiha.

Makarantun kuɗi kuwa su ne tushen rabin rigimar rabon aji, domin ba su da iyakar unguwa, daga ko'ina suke ɗaukar ɗalibi. Hanya uku aka fi bi. Texas ta ware su, galibinsu a wata hukuma mai suna TAPPS suke. Illinois tana ninka yawan ɗaliban irin waɗannan makarantu da 1.65, sai mai ɗalibai 600 a lissafa ta kamar mai 990 ta hau aji. Indiana ba ta duba kuɗi ko gwamnati, nasara take dubawa: ana ba da maki bisa nisan da ka kai a gasa cikin shekara biyu, idan sun kai adadi a ɗaga ka aji ɗaya. Laifin wannan na ƙarshe shi ne yaran da suka tara makin sun gama makaranta sun tafi, ƙannensu ne ke haɗuwa da manyan.

Idan wata makaranta kake bi, nemi kundin hukumar jiharta na wannan shekarar, ba na bara ba, ka duba ajinta, iyakar wasannin kaka, sharaɗin cancanta, da dokar wanda ya canza makaranta. Ta ƙarshen nan ita ke rusa kaka: yaro ɗaya da bai cika sharaɗi ba ya shiga wasanni, a gano a makon ƙarshe, a ƙwace duk nasarorin da ya buga a cikinsu. A jiha irin Ohio abin ba ya tsayawa a kan makarantarsa kaɗai, domin makin hawa na biyu na wasu ƙungiyoyin ma sai an sake lissafa shi.